Kirin da Bai Tsinke Ba

Mijina sunansa Njidda. Da yana raye ban taɓa furta sunan nan ba, Malam nake ce masa, ko da yake shi da bakinsa yakan ce karatunsa bai wuce na salla ba. Mutanen Jalingo kuwa Njidda Mai Inji suka sani. Da na shiga ajin yaƙi da jahilci na koyi boko, sai na ga alƙalami bai kai baki kunya ba, ga shi har na rubuta. Allah ya jiƙansa, ya yalwata masa makwanci.

Bafulatanin daji ne, a wata ruga bayan Kona aka haife shi. Yana saurayi ciwon bushiya, annobar nan ta shanu, ya shiga garken mahaifinsu ya share shi tas. Ya taɓa ce mini har ungulaye suka ƙoshi suka daina sauka. Tsohon bai daɗe ba ya bi shanunsa, aka bar su su biyu, shi da yayansa Abbo. Abbo ya shiga yi wa mutane kiwo, ana sallamarsa da 'yar maraƙa, a hankali har ya sake tara nasa. Njidda kuwa ya ce shi da ɗora rai a kan abin da ke numfashi har abada. Ya gangara Lau, bakin Binuwai, inda jiragen Turawa ke tsayawa in ruwa ya cika. Ya fara da dakon itace, daga nan aka saukar da shi cikin jirgi yana hura wuta. A can ya san inji.

Kafin a kwashi samari zuwa yaƙin Bama, wani kamfani mai sayen gyaɗa ya kawo injin ɓare gyaɗa Jalingo. Daga Lau aka jawo shi bisa ƙafafunsa na ƙarfe, shanu na ja, mutane na turawa, shi yana tafe a gefe da 'yar butar mai yana ɗiga wa ƙafafun. Aka kafa shi a rumfar kwano bayan kantin, aka kewaye da zana. In kakar gyaɗa ta wuce sai a ɗaura masa dutsen niƙa. A shekarar nan aka ɗaura mana aure. Mahaifina tela ne, asalinmu Zazzau, muna zaune a Yelwa. Da aka ce masa mai neman 'yarsa warin hayaƙi yake yi, sai ya ce ya lura da shi a masallaci, hayaƙin bai taɓa hana shi sahun gaba ba.

Ni nake kai masa abinci da hantsi. Farkon zuwana a bakin zana nake ajiyewa in juya, don abin yana huci kamar mai rai. Wata rana ya kira ni.

"Bara'atu, zo. Ba ya cizo."

"Malam, daga nan ma ina gani."

"In kin ɗora ruwan tuwo kin rufe, me murfin yake yi?"

"Rawa."

"Wa ke kaɗa masa ganga?"

Na ce tururi. Ya ce to shi ke nan na gama sanin inji, saura kaɗan.

Ya nuna mini babbar tukunyar, doguwa, a kwance, wuta a gindinta, ruwa a cikinta, an toshe ta ko'ina don kada tururin ya sami hanyar fita sai ta bututu guda. Bututun ya kai shi cikin wani gajeren tulun ƙarfe, a ciki akwai toshiya mai sanda. Tururi ya tura toshiyar gaba, sai wata 'yar ƙofa ta zame, ya shigo ta ɗaya gefen ya turo ta baya. Haka sandar ke kai da komo kamar taɓarya a kwance. Ƙarshenta an haɗa da wata gwiwar ƙarfe, gwiwar ce ke mai da kai da komon nan juyi, ta juya babban wili mai nauyin gaske. Daga wilin ne faffaɗan bel ya tafi ya kama injin gyaɗa.

Amma abin da idona ya tsaya a kai yana can sama. Wasu dunƙulen ƙarfe ne guda biyu, kowanne kamar lemon zaƙi, suna rataye a hannuwa jikin wata sanda da ke tsaye, suna ta zagaye. Makanikai gwamna suke ce wa abin, shi kuwa Tagwaye yake kiransu.

"Kin taɓa ɗaura gora a igiya kin wulwula?" in ji shi. "In kin yi sauri sai ta tashi sama, in kin sassauta ta sauko. Su ma haka. Inji ya cika gudu, sai su buɗe fiffike, su ja wannan ƙarfen, ya matse wa tururi maƙogwaro. Gudu ya ragu, sai su sauko, maƙogwaro ya buɗe. Ba mai gaya musu."

Ya sa aka ƙara gyaɗa a injin don in gani. Muryar injin ta yi nauyi, Tagwaye suka ɗan sunkuya, sai na ji hucin ya ƙaru, gudu ya dawo daidai. Na ce Allah mai iko.

"Dabba in ta gaji takan tsaya," ya ce. "Wannan ba shi da wannan hankalin. In ka sakar masa tururi zai yi ta gudu har ya kashe kansa. Tagwayen nan su ne linzaminsa. Amma duba nan." Ya nuna mini wani siririn bel da bai fi faɗin yatsu biyu ba, wanda ya taso daga gindin wili ya hau yana juya Tagwayen. "Su ba su da ido. Ta wannan ɗan bel ɗin kaɗai suke jin labarin gudun inji. In ya yi musu ƙarya, sun yarda."

Yayansa Abbo yakan shigo gari ranar kasuwa. Ni surukina ne, ba na zama inda yake, sai dai in gaishe shi daga bayan zana in ajiye ruwa. Amma kunne ba shi da zana. Ba ya zuwa bai tsokani ƙanensa ba.

"Jam na, maƙeri? Yaya kiwon ƙarfe? Ta haihu?"

"Tukuna, Hamma."

"Nono fa? Ko ƙwarya guda ba ta bayarwa? Kai, wannan saniya taka ci kawai ta iya. Ta cinye dajin Kona, kashinta toka."

Malam sai ya yi murmushi ya ce, "Haka ne, Hamma." Ba ya mayar masa. Amma in Abbo ya tafi yakan daɗe yana goge hannunsa da tsumma, ko ba mai a jiki. Abbo bai taɓa taka cikin rumfar ba. Daga nesa yake tsayawa, sanda a wuya, yana kallo ta gefen ido.

Wata shekara, tsakiyar rani, gyaɗa tari har saman zana, ɗan bel ɗin Tagwaye ya tsinke. An sha ɗinke shi, wannan karon ya ruɓe, ba wurin sa allura. Akawun kanti, Aƙilu, wani Bakano mai raha wanda ba ya ganina bai ce "ga baiwata Bazazzagiya" ba, irin wasan Kanawa da Zazzagawa, ran nan ko kallona bai yi ba. Ya ce wa Malam sabo sai dai jirgi ya kawo, jirgi kuwa sai kogi ya cika. Ya ce Baturen kamfani ya aiko daga Lau, in inji zai yi watanni a kwance gara a raba wa mata gyaɗar su ɓare a turmi, a mai da injin bakin kogi inda akwai mai duba shi. Ma'ana aikin Malam ya ƙare.

Malam ya gwada igiyar rama, ta saki. Ya je wurin dukawa ya karɓo jemammiyar fata, ba ta kai azahar ba ta yage. Ya gwada tsayawa da kansa, hannu a kan mariƙin tururi, yana buɗewa yana rufewa, to wa zai hura wuta, wa zai duba ruwa? Abincin da na kai haka nake dawowa da shi.

Ranar kasuwa Abbo ya zo ya tarar da rumfa shiru.

"Maƙeri, saniyar ta mutu?"

Malam bai ce haka ne Hamma ba. Yana zaune a kan itace da guntun bel a hannu. Abbo ya daɗe a tsaye. Sai na ga ya jingine sandarsa, ya sunkuya ya shiga rumfar, ya karɓi guntun ya juya, ya ja, ya shinshina.

"Wannan ne ya kwantar da kai? Wannan ko ɗan akuya ba zai riƙe ba."

Ya fita bai yi sallama ba.

Bayan kwanaki ya dawo da kiri, wato igiyar ɗanyar fata irin wadda suke ɗaure bijimai da ita, amma wannan bai tufka ba, ya yanko ta a miƙe, ya kankare, ya buga ta har ta yi laushi. Daga baya na ji ko fatar mece ce. Ta saniyarsa ta farko ce bayan bushiya, wadda duk garkensa daga cikinta ya fito. Da ta tsufa aka yanka, ya ɗaga fatar ya ajiye a saman bukka, bai yarda kowa ya taɓa ba. Daga gadon bayanta ya yanko.

Suka zauna su biyu a ƙasa, gwiwa na gogar gwiwa, ɗaya na huda ɗaya na zura zare. Tun da na shigo gidan ban taɓa ganinsu haka ba. Suna magana da Fulatanci ƙasa-ƙasa, har na ji Malam ya yi dariya mai sauti. Aka ɗaura, aka hura wuta. Da allurar da ke nuna ƙarfin tururi a jikin tukunya ta hau, Malam ya murɗa mariƙi, wili ya motsa, kiri ya kama, Tagwaye suka ɗaga hannuwa suka tsaya daidai inda suka saba. Aƙilu ya cire hula ya jefa sama. Ya ce, "Baiwata, yau har ke na 'yanta!"

Abbo bai yi murmushi ba. Ya dai ce, "To. Yanzu akwai abu guda na kirki a jikinta."

Duk sauran ranin nan kirin bai ba da kunya ba. Abbo kuwa ya mai da rumfar wurin zuwansa. Har abokansa na ruga yake jawowa, ya tsayar da su, ya nuna da sanda: "Kun ga duk ƙarfen nan? Wancan siririn ne ke riƙe da ita. Nawa ne." Ya daina cewa maƙeri. Minyam yake cewa, ƙanena. Malam ya yi ƙiba a watannin nan, ni na sani don ni nake ɗinke masa wando.

Sai hadari ya fara haɗuwa ta gabas. Aka yi ruwan farko, kwanon rumfa ya ɗiga nan da can. Ranar Juma'a ba a tayar da inji. Da safe Malam ya tafi wurin masu itace, daga can masallaci. Abbo ya biyo ta gida da 'yar ƙwaryar man shanu, ya sa aka miƙo mini, ya ce in ɗebi rabi in mayar masa da saura, akwai abin da zai yi da shi. Na ɗiba, na yi godiya. Ban kawo komai a raina ba, baƙon da ya kawo maka alheri ba ka tambayarsa ina zai kai ragowar.

Asabar na kai abinci da hantsi kamar kullum. Inji na aiki, masu zuba gyaɗa na zubawa. An fara yayyafi, Malam ya fita bayan rumfa yana jawo itace ƙarƙashin kwano. Ina ajiye kwano sai na ji muryar injin ta sauya, ta yi sama, tana ƙara sauri. Na ɗaga kai. Wili na gudu har ba a ganin hannuwansa, amma Tagwaye sun sauke nasu hannuwan, suna juyi a kasalance kamar masu gyangyaɗi. Kirin yana nan a wurinsa, yana sheƙi, wili na zamewa a ƙarƙashinsa. Abin da Malam ya faɗa mini ya faɗo mini a rai: in ya yi musu ƙarya, sun yarda. Su a saninsu inji ya gaji, sai suka buɗe masa maƙogwaro gaba ɗaya.

Ban san na iya ihu ba sai ran nan. "Malam! Tagwaye sun kwanta!"

Kafin ya zagayo, babban bel ya fice ya maki zana. Da nauyin gyaɗa ya sauka daga kansa sai injin ya haukace. Ƙasa na rawa, kwano na kaɗawa, masu zuba gyaɗa suka watse. Malam ya ture ni waje, ya shiga. Na gan shi ya kama mariƙin tururi da hannu biyu yana murɗawa. Bai kai ga rufewa ba gwiwar ƙarfen ta karye, sandar ta fizge ta bugi bututu, farin tururi ya rufe shi. Ina ta salati. A cikin farin nan ya ƙarasa murɗawa da hannu ɗaya. Ƙarar ta mutu. Wilin ya tsage, wani ɓari ya huda kwano ya faɗa cikin gonar bayan kanti. Allah ya tsare, bai sami kowa ba.

Ya fito hannunsa na dama ya saluɓe tun daga gwiwar hannu. Bai yi ko tsaki ba, irin nasu na Fulani. Mutane na cewa a kawo ruwa, a kawo zuma, shi kuwa ya koma ciki ya zare kirin da hagu. Ko ƙwarzane babu a jikinsa. Ya murza da yatsa, ya kai hanci. Na ga ya runtse ido. Sai ya naɗe shi ya cusa a aljihu.

A gida, bayan mai magani ya ɗaure hannun ya tafi, na ɗauki rigar zan wanke, kirin ya faɗo. Ƙamshin da ke cikin ƙwaryata shi ne a jikinsa.

"Malam, man shanu nake ji."

"Hancinki ya cika tsawo, Bara'atu."

"Jiya Hamma ya zo da..."

"Na sani." Ya juya fuska bango. Can ya ce, "Da safe da sanyi fatar ta shanye shi, ban gani ba. Sai da inji ya ɗumama ya narke ya fito. Ruwa ya gani zai sauka, ya ji tsoron kada fatar ta jiƙe ta ruɓe. Haka Baffa, mahaifinmu, ya koya mana. Duk kirin da ke rugarmu, in damina ta zo, mai ake shafa masa. Ni ne ban gaya masa nan ba haka ba ne."

"To ka faɗa wa Bature. Ba da gangan ba ne."

"In faɗa, a kai shi gaban alƙali, a kama shanunsa a maimakon ƙarfe? Garke biyu ke nan ya mutu a idonsa. Kai, ko da ba za a taɓa masa ko maraƙi ba, ba zan faɗa ba. Shekara da shekaru yana ƙyamar abin nan. Ranar da ya so shi, ni zan ce masa son ne ya kashe shi?"

Baturen ya zo daga Lau, aka zauna a barandar kanti, Aƙilu na tafinta. Ina tsaye daga gefe don ni nake riƙe masa hannu in zai tashi. Baturen ba azzalumi ba ne, ya san aikin Malam tun a jirgi. Ya ce ya ga maiƙo a inda bel ke zama, kuma ya san wanda ya ƙware kamar Njidda ba zai sa mai a nan ba. In wani ne ya shiga rumfa a faɗa, kamfani zai bi haƙƙinsa a can, Njidda kuma ya zauna ya duba injin da za a kawo, ko da hannu ɗaya ne.

Aƙilu ya fassara, sannan ya ƙara nasa da ƙaramar murya. "Njidda, don Allah don Annabi. Rumfar nan ba ƙofa gare ta ba. Ka ce ba ka sani ba ma ya isa."

"In na ce ban sani ba, za a bincika?"

"Za a tambayi maƙwabta."

Malam ya dubi ƙasa. "Gaya masa inji a hannuna yake. Abin da ya same shi daga gare ni ne."

Aƙilu ya dube ni. Na sauke kai. Ya daɗe kafin ya juya ya faɗa da Turanci.

Haka aikin ya tafi. Da kogi ya cika aka kawo wani inji mai shan mai, da wani mutum daga kudu mai duba shi. Tsohuwar tukunyar aka ture ta bayan kanti, kaji suka riƙa ƙwai a murhunta. Hannun Malam ya warke a ƙanƙance, yatsun ba sa miƙewa. Ya koma sayar da itace a bakin kasuwa, shi da ya san wane icce ke ba da wuta mai daɗewa. Ba ya bin hanyar kanti. Amma in na ɗora tukunya murfi ya fara rawa, sai in ga ya daina abin da yake yi yana saurare.

Abbo ya zo duba shi tun hannun na ɗanye. Ya zauna ya yi ta girgiza kai. Ya ce dama ya faɗa, abin da ba ya jin kira ba abin amana ba ne. Ya tambayi kirinsa, Malam ya ce in ɗauko. Na riga na wanke shi da toka. Abbo ya ja shi da ƙarfi tsakanin hannuwansa, fuskarsa ta washe.

"Ka gani, minyam? Ƙarfen Nasara ya watse, nawa bai tsinke ba."

"Bai tsinke ba, Hamma."

Mako na zagayowa Abbo ya aiko da karsana, ja mai farin goshi. Mutumin da ya rantse ba zai sake ɗora rai kan mai numfashi ba, ya karɓa da hagu ya ce usoko, wato na gode. Da kirin nan ya ɗaure ta a gindin ɗorawar bayan gida. Duk damina in ta kawo kai, sai ya ce in ba shi ɗan man shanu. Ya zauna ya danne kirin da ƙafa, yana shafawa a hankali tun daga wannan baki har wancan. Ni sai in shige ɗaki.

Abbo bai fasa ba da labarin nan ba, a kasuwa, a wurin suna, a ko'ina. Kullum Malam na gefe yana cewa haka ne. Ciwon ƙirji ya ɗauke Malam shekarar da aka yi fara. Ranar sadakar uku Abbo, ya tsufa yana dogara sanda, ya zagaya bayan gida ya tsaya kan shanun da karsanar nan ta bari. Na kai masa ruwa na ajiye. Ya shafa kirin, ya ji shi da laushi.

"Ashe yana kula da shi," ya ce, ba tare da ya juyo ba. "Yana sa masa mai."

Na ce, "Duk shekara, Hamma."

Ya sa gefen rawani ya goge ido. Shi ma bara ya rasu, a rugarsa, cikin shanunsa. Allah ya haɗa su a inda babu abin ɓoyewa kuma babu jin ciwo.